Sunan da Baba Ƙarami Ya Hana

Ku matso, ku ara mini kunnuwanku. Ga ta nan tafe, amma ba sai kun ce ta zo ku ji ta ba, don wannan ba ta jiran kira. Ta riga ta shigo gidanmu, ta shimfiɗa tabarma, tana cin tuwo tare da mu.

Ni ban yi boko ba, allo ma iyakata abin salla. Abin da na sani ido ne ya koya mini, sai hanci. Akwai wari ɗaya da har gobe ba na iya zama inda yake, shi ne ƙaurin hatsi. Ba ƙaurin tuwon da ya kama gindin tukunya ba, wannan kowace mace ta san shi, a kankare a ba kaji. Ƙaurin ƙwaya nake nufi, ƙwayar da wuta ta ci tun ba ta ga turmi ba. Na baro shi can ƙauyenmu, na haye teku, ina cewa mun rabu. Sai ga shi ya iske ni a saman bene a Alexandria ta ƙasar Amurka, inda in ka leƙa taga za ka ga motoci kamar kiyashi.

Ɗana na fari ne ya kawo ni ƙasar nan. Gidan rediyo yake aiki, muryarsa ake ji can gida da hantsi, mutane na cewa ga ɗan wance. Matarsa ta haifi mata biyu ni ina can gida. Da cikin na uku ya tsufa sai ya sa aka hau da ni jirgi, na zo da kanwata da kayan yajina don in yi mata jego. Ta sauka lafiya, namiji. Ran da suka dawo daga asibiti ya durƙusa gabana ya ce, "Inna, na samo masa suna. Sunan Baba Ƙarami zan mayar."

Baba Ƙarami ƙanen mahaifina ne. Haka gidan duka ke kiransa, yara da jikoki. Tsohon soja ne na zamanin Faransa, kuma shi ya kama hannun ɗan nan nawa ya kai shi lakwal, makarantar boko, lokacin da kowa ke ɓoye 'ya'yansa.

Na ce, "A sake dubawa."

Iyakar abin da na iya faɗa ke nan. Ɗan fari ne, ba na kallon ƙwayar idonsa, balle in ja magana da shi. Shi kuwa ya tashi ya tarar mahaifina da Baba Ƙarami ba su cin ƙwarya ɗaya, sai ya ɗauka gabar ubana nake tayawa. Don haka ya shirya mini magani irin nasu na 'yan boko. Ran Asabar da rana, kafin suna, wani ɗalibi abokinsa ya zo daga College Park da kaset a jaka. Ya durƙusa ya gaishe ni, ya ce, "Mama, yau za ki ga irin wuyar da kakanninmu suka sha a hannun Bature. Sai kin tausaya musu."

Aka zaunar da ni gaban talabijin. Fim ne da Faransanci, ɗana na juya mini magana. Wasu samarin Turawa ne aka kwaso daga gidajen iyayensu ba da sonsu ba, aka kai su wata ƙasa mai zafi su yi yaƙi. Akwai ɗaya mai siririn wuya, shi aka fi nunawa. A nuna shi yana tuna uwarsa, a nuna shi yana cire takalmi ƙafa duk ƙuraje, a nuna shi ya ƙi cin abinci. Kowa a ɗakin ya san sunansa kafin a yi nisa. Ni ina zaune ina jira in ga namu.

Sai aka zo wani ƙauye. Babbansu ya yi tsawa, ɗana ya ce, "Ya ce a ƙone rumbunan." Mai siririn wuya ya ƙi, aka mare shi, ya durƙusa yana amai yana kuka, ga wani kiɗa mai sanyi na tashi. Can bayansa, gefen hoto, wani baƙin soja da jar hula ya gitta riƙe da bakin wuta. Ko fuskarsa ba a tsaya a kai ba. Ya gitta, wuta ta tashi, aka komo kan hawayen Bature.

Ɗalibin nan da ma ya ɗora gugguru a wuta, wai haka ake yi a ƙasar nan, ba a kallo baki shiru. Kallo ya ɗauke masa hankali, masara ta ƙone. Ƙauri ya cika ɗaki, abin nan na rufin ɗaki mai ihu in ya ji hayaƙi ya kama ihu, jariri ya tsandara kuka daga ciki. Suka tashi suna fifita da tawul suna dariya.

Na ce, "Mayar da shi baya."

"Wa, Inna?"

"Mai wutar. Mayar da shi, ka tsayar mini."

Ya latsa, mutane suka koma da baya da gudu, ya tsayar. Rabin mutum ne ma, kafaɗa da hannu da jar hula. Na ce, "Ya sunansa?" Ɗalibin ya yi 'yar dariya ya ce, "Mama, ai wannan ba ya cikin labarin." Na ce, "Kashe wannan abin, ɗan nan. Kun kawo mini kukan wanda ya tsaya kallo. Ku zauna ku ji na wanda ya riƙe wutar."

Abin da na faɗa musu shi zan faɗa muku.

Ƙauyenmu ƙauyen rumbuna ne. Kafin ka hango ɗaki ka hango su, manya, masu ciki kamar tulu, kowanne da hularsa ta ciyawa. Rabinsu hannun Baba Ƙarami ne. In kaka ta gabato sai ka gan shi tun sanyin safiya cikin ramin ƙasa, yana taka laka da ciyawa, zane ɗaure a ƙugu. Ba ya gini da sauri. Ya ɗora zagaye ɗaya ya bar shi ya sha rana, gobe ya ɗora wani. Mu yara muna kawo masa ruwa, shi kuma ya murza mana 'yan shanu da raƙuma da ragowar laka. Mai dariya ne a lokacin, har kaka, uwarsu, tana cewa bakinsa ba ya rufuwa sai barci. In gero ya nuna shi ke fara karyo mana zangarniya, ya hura wuta bakin gona ya gasa mana tumu, ya murza a tafinsa ya busa, ya zuba mana a hannu da zafinsa.

Wata shekara, bayan an gama shigar da dammuna, labari ya zo kumandan, Baturen mulki, na son maza na aikin soja. Mai gari ya raba wa gidaje, gidanmu mutum ɗaya, kuma mahaifina aka ambata, don shi ne dogo mai faɗin ƙirji. Yana da mata da 'ya'ya. Kaka ta ce ba ya zuwa ko'ina. Baba Ƙarami da kansa ya zaɓi rumbun da za a ɓoye shi, babban nan na bayan ɗakin kaka, ya kafa tsani ya zura yayansa ta baki, ya mayar da hula. Da idona na ga ya karyo kara ya tokare gefen murfin, ya bar 'yar kafa. Na ce, "Baba Ƙarami, na mene ne?" Ya ce, "Na numfashi. Ki rufe bakinki."

Dogarai suka zo da rana tsaka. Suka duba ɗakuna, suka soka sanda cikin tarin kara, ba su ga kowa ba. Sai babbansu ya ce tun da ɗa ya gudu, uwa za ta zauna masa a rana ƙofar mai gari har ya fito. Kaka ta dubi rumbu, ta dubi ƙasa. Baba Ƙarami na tsugune gefe yana gyaran gindin wani rumbu, laka har gwiwar hannu. Kaka ta juyo. Haɓa kawai ta ɗaga wajensa. Suka sa masa igiya. Bai ko wanke hannu ba. Da za su fita ya waiwayo, ba kaka ya kalla ba, karan nan ya kalla, ya ga yana nan daram, sannan ya bi su.

Damina ta zo ta wuce, wata ta zo ta wuce, har muka daina ƙirga. An ce an sa su jirgin ruwa zuwa wani tsibiri, sunansa bai taɓa zama a bakina ba. Ranar da ya dawo, da takalma da jar hula da bargo a kafaɗa, mata suka yi guɗa, shi kuwa ya wuce ta tsakiyarsu kamar guɗar ta wani ce. Ya gina bukkar kara can ƙarshen gida. Masu rumbuna suka yi ta zuwa da goro, ya ce ya manta ginin. In yara sun hura wutar tumu sai ya tashi ya nufi daji, ba ya dawowa sai iska ta kwashe ƙaurin. Mahaifina ya kai masa tuwo da hannunsa, ya bar wa karnuka. Kaka in ta gaishe shi ya amsa mata kamar yadda ake amsa wa baƙuwa. Gida ya zama gida biyu ba a ja danga ba.

Ana nan innata ta haifi namiji. Mahaifina ya ga hanyar gyara ta samu. Safiyar suna maza suka cika ƙofar gida, ana raba goro, mu mata da yara muna bayan danga muna leƙe. Liman ya tambayi suna, mahaifina ya faɗa da ƙarfi don kowa ya ji, sunan ƙanensa. Liman ya ɗaga hannu zai yi fatiha.

Baba Ƙarami ya ce, "Malam, sauke hannunka."

Liman ya sauke.

Baba Ƙarami ya ce, "Sunan nan ba na bayarwa ba ne. Kullum safiya a bariki sai an kira shi, ni kuma in amsa. Ran nan aka kira shi, aka ce wa ya san rumbu. Na ɗaga hannu. Na zaci gini za a sa ni." Ya yi wata dariya da ban taɓa jin irinta ba. "Nasu na itace ne, bisa ƙafafu, shinkafa suke zubawa. Aka ce mutanen garin na ciyar da masu tawaye, a ƙone abincin, ni na san inda wuta ke kamawa. Na sa wa na farko. Na sa wa na biyu. Da na zo na gaba sai na ga kara, an tokare murfi." Ya juya ya dubi mahaifina. "Yaya, ka san karan nan. Ni na sa maka shi."

Mahaifina ya ce, "Ni ban aike ka ba."

"Ba ka aike ni ba. Kana cikin gero kana numfashi."

Liman ya ce a yi haƙuri, gaban jama'a ne. Baba Ƙarami bai ko dube shi ba. Ya ce, "In na faɗa akwai mutane a ciki, a fito da su a harbe. In na yi shiru, wuta. Ga Bature bayana da bindiga, yaro ƙarami, kuka yake yi. Shi yana kuka, ni ina riƙe da wuta. Na ce wa raina kaji ne a ciki. Malam, kaji ba su kiran uwa. Ban iya harshensu ba, amma wannan kiran na ji shi." Ya miƙe ya kakkaɓe rigarsa. "Duk wanda ya sa wa ɗa sunana, ina raye ko na mutu, ban yafe ba. A bar shi ya bi ni rami."

Aka ba ƙanena wani suna. Goron ranar ba wanda ya ci. Tun daga nan an haifi maza a zuriyarmu ba iyaka, ba a taɓa mayar da sunan ba, ba a kuma taɓa faɗa wa yara dalili ba. Shi ya sa ɗana bai sani ba. Shi tsoho mai taushi ya tarar, mai ɗaukarsa a kafaɗa.

Da na gama, ɗalibin nan ya sunkuyar da kai. Ba a kashe talabijin ɗin ba, rabin mutumin nan na tsaye a ciki da wutarsa. Ɗana ya daɗe yana kallonsa. Ni na zaci magana ta ƙare.

Sai ya ce, "Inna, yanzu ne ma na ƙara tabbata. Dubi wannan. Ko suna ba su ba shi ba. Sun yi wa nasu kiɗa, namu sun yanke shi rabi. Su sun shafe shi, mu ma mu taya su shafewa?"

Na ce, "Su mantuwa suka yi. Mu wasiyya muka riƙe."

"Wasiyyar mai ciwo ce."

"Ka fi shi sanin ciwonsa?"

"Shi ya kai ni lakwal, Inna. Ba don shi ba da yanzu ina bayan jaki."

"Ka san abin da ya ce ran da ya kai ka? Ya ce a kai shi, in an sake zuwa neman mai riƙe wuta a tarar hannunsa da alƙalami. Tsare ka ya yi. Kai kuma ka ɗauko abin da ya binne za ka rataya wa jinjiri."

Surukata ta fito bakin ƙofa da yaron a kafaɗa, jikinta na tururin wanka. Ta ce, "Ni dai don Allah a sa masa sunan da kakarsa za ta iya kira."

Ɗana ya ce, "Ko da babu wannan labarin ai ba ta kiran sunan ƙanen ubanta."

Na ce, "Kunya daban, tsoro daban."

Ya ce, "Nan ba ƙauye ba ne. Yaron nan a takardar ƙasar nan za a rubuta shi, ba kumandan da zai sa masa igiya. Ina son in ji ana kiran sunan nan a gidana, ana amsawa da dariya. Laifin na masu bindiga ne, ba na sunan ba."

Ranar na yi abin da ban taɓa yi ba tun da na haife shi. Na ɗaga kai na dube shi cikin ido, na kira shi da sunansa na yanka, ƙarara, gaban baƙo da gaban matarsa. Surukata ta dafe baki. Shi kansa ya ja da baya kamar na watsa masa ruwan zafi. Na ce, "Ka ji yadda suna ke da nauyi in ya fito daga bakin da bai kamata ba? To, mutumin nan ya ce bai yafe ba. Ni kunnena ya ji."

Ɗana ya juya wajen talabijin. Ya cire kaset ɗin ya miƙa wa mai shi. Da zai shiga ɗaki ya ce, ba tare da ya juyo ba, "Zan roƙa masa gafara, in roƙi tasa. Amma uba ke raɗa suna, Inna."

Uba ke raɗa suna. Ran suna abokan aikinsa suka cika falo, da 'yan Nijar da 'yan Najeriya, har maƙwabciyarmu mai aikin asibiti 'yar Jos ta zo da tukunyar shinkafa. Rago can wata gona bayan gari aka yanka shi, aka kawo nama a leda. Ina cikin ɗaki na ji malamin ya faɗi sunan, aka shafa. Ba wanda ya ce ya sauke hannunsa. Ni mace ce, kuma baƙuwa, ko hanyar filin jirgi ban sani ba. Naman ragon nan bai shiga bakina ba. Yaron kuwa na ci gaba da yi masa wanka safe da yamma, ina gasa masa cibiya, don shi bai ɗaga hannu ya roƙi komai ba.

To, ga inda kowa ya ƙare. Kaka ba ta daɗe ba bayan sunan nan na ƙauye, ta kwanta ba ta tashi ba. Baba Ƙarami ne ya karɓi fartanya ya gina kabarinta shi kaɗai, ya hana kowa taya shi, ya lailaye shi sumul kamar cikin rumbu. Ranar ce kawai aka sake ganin laka a hannunsa. Mahaifina ya tsufa ƙwarai, amma bai ƙara hawa tsanin rumbu ba, yara yake aikawa. Shi da ƙanensa sun mutu damina ɗaya tsakani, ba su ci ƙwarya ɗaya ba. Babban rumbun nan an ce yana nan, ya tsage ta gabas, ba wanda ya iya gyaransa. Ɗalibin ya gama karatu ya koma gida, bai ƙara kawo mini kaset ba. Surukata tana kiran yaron Baba, ta raba gardama. Ni da ɗana muna gaisawa safe da yamma, yana durƙusawa, ina amsawa, iyakarta ke nan. Sunansa ban sake kira ba.

Yaron, ni Maigida nake ce masa. Bana aka sa shi makaranta. Ran farko ni na raka shi, na tsaya bakin ƙofa. Malamar ta buɗe baki tana kiran yara ɗaya bayan ɗaya, sai ga sunan nan ya fito, a karkace a harshenta amma shi ne. Maigida ya ɗaga hannu sama yana dariya, ya amsa. Uban ya samu abin da yake so. Ni kuwa sai da na dafa bango.

In an yi ruwa nakan kai shi filin wasa bayan benenmu. Sauran yara na kan lilo, shi yana tsugune bakin taɓo yana ɗora laka zagaye bisa zagaye, abu mai ciki kamar tulu, ba wanda ya koya masa. Ina zaune ina kallon hannuwansa. Ashanar gidan duka, har wadda nake kunna turare da ita, tana ƙulle a bakin zanena.

Nan na sauke kayana. Wanda ya ji ya ɗauka, ya san inda zai ajiye.